Yadda Ake Nazarin Tsarin Sonata: Aiki da Simfoni na 40 na Mozart

Kaɗe-kaɗen da aka rubuta wa okestira, ko fiyano, ko rukunin masu goge huɗu a Turai daga wajen 1760 zuwa 1830, galibinsu babin farko a kan gini ɗaya yake zaune, wanda masana ke kira tsarin sonata. Ɗalibin da ya iya bin wannan gini da kunne da ido zai iya karanta Haydn da Mozart da Beethoven da Schubert, har ma da Brahms da ya zo bayansu. Inda akasarin masu farawa suke yin tuntuɓe shi ne suna farautar kari mai daɗi, su ce ga jigo na farko, ga na biyu, shi ke nan sun gama. Alhali abin da ke riƙe da ginin shi ne mazaunin sauti: inda kiɗan ya tashi, inda ya ƙaura, da wurin da ya rufe. Kari ado ne da aka ɗora a kan wannan. Za mu bi aikin ne da babin farko na Simfoni na 40 na Wolfgang Amadeus Mozart, domin gajere ne, gaɓoɓi 299 kacal (gaɓa ita ce ƙaramin yankin da ake auna tsawon kiɗa da shi a takarda), kuma sassansa uku a fili suke: gabatarwa, inda ake kawo jigogi a kuma ƙaura zuwa sabon mazauni; sarrafawa, inda ake juya su; da komowa, inda ake dawowa mazaunin asali.

Tantance aikin da za ka nazarta

Kada ka dogara da lambar simfoni ita kaɗai. Lambobin nan masu buga takardu ne suka sa su daga baya, kuma sun sha yin kuskure. Simfonin da ake kira na 37 na Mozart, na Michael Haydn ne, ɗan share fage kawai Mozart ya ƙara masa. Simfonin Dvořák da yau ake kira na 9 ya daɗe ana buga shi a matsayin na 5. Konsheton fiyano na 2 na Beethoven ya riga na 1 samuwa. Saboda haka ake amfani da lambar kundin ayyuka: K ga Mozart, daga kundin da Ludwig von Köchel ya fitar a 1862, BWV ga Bach, daga na Wolfgang Schmieder na 1950, Hob. ga Haydn, D ga Schubert. Aikinmu K. 550 ne, a mazaunin G maino. Ka rubuta haka a saman takardarka, domin Mozart yana da wani simfonin a G maino, na 25, K. 183, wanda ya rubuta a Salzburg a 1773, kuma ana rikita su.

Mozart da kansa ya shigar da K. 550 cikin littafin lissafin ayyukansa a ranar 25 ga Yuli, 1788, a Biyena. Wannan kwanan wata abin dogaro ne, tunda daga hannunsa ya fito.

Akwai wani abu da dole ka sani kafin ka buɗe takarda. Simfonin nan iri biyu ne. Na farko an rubuta shi ga sarewa ɗaya, obo biyu, basun biyu, ƙaho biyu, da dangin goge. Daga baya Mozart ya ƙara kilarinet biyu, ya sake rubuta layin obo, ya miƙa wa kilarinet ɗin yawancin wuraren da obo ke fitowa fili. Babu kakakin Turawa, babu ganga, a duka biyun. Idan takardarka ta irin farko ce, faifanka kuma na iri na biyu, za ka ga an rubuta obo amma kunnenka na jin wani abu dabam, ka ɗauka kai ne ba ka iya karatu ba. Ka duba shafin farko, ka ƙirga layuka, ka tabbata da faifan da ya dace.

Bugun da za ka yi aiki da shi

Nemi cikakkiyar takardar kiɗa, wadda ke nuna layin kowane makaɗi. Wadda aka taƙaita wa fiyano tana da amfani idan kana son taɓa sautukan da yatsunka, amma tana ɓoye wanda ke kaɗa me, kuma a wannan babi musayar da ke tsakanin masu goge da masu busa rabin zancen ce.

Bugun da masana suka fi yarda da shi shi ne Neue Mozart-Ausgabe na kamfanin Bärenreiter, wanda aka gina a kan rubutun hannun Mozart, kuma ana iya karanta shi kyauta a intanet. Rubutun hannun kansa yana ajiye a Biyena, kuma ya taɓa zama mallakar Brahms. A IMSLP, rumbun takardun kiɗa na intanet, za ka samu tsofaffin bugu masu yawa. Suna yin aiki, sai dai editocin ƙarni na 19 kan ƙara alamomin ƙarfin sauti da na jan baka waɗanda Mozart bai rubuta ba, ba tare da sun nuna cewa nasu ne ba. Bugu na ilimi yana bambanta ƙarin edita da ƙananan haruffa ko layi mai ɗigo-ɗigo, sannan yana da rahoto da ke bayyana dalilin kowane zaɓi. Idan hujjarka ta rataya a kan wata alama guda, sai ka duba ko ta mawallafin ce.

Ka buga shafukan a kan takarda idan da hali. Tanadi fensir da alƙaluma masu launi uku. Aikin farko, mai gajiyarwa amma ba makawa, shi ne sa wa gaɓoɓi lamba. Gaɓa ita ce tazarar da ke tsakanin layuka biyu na tsaye. Wasu bugu suna sa lamba a farkon kowane jeri, wasu haruffa kawai suke sawa. Ka rubuta lamba a kan kowace gaɓa ta biyar. Idan ka kai ƙarshe ba ka samu 299 ba, ka yi kuskure a hanya, kuma duk lambobin da ke ƙasa za su goce maka. Wurin da aka fi yin kuskuren shi ne gaɓa ta farko: biyola ce ke fara rakiya ita kaɗai da bas, karin bai shigo ba sai a ƙarshen gaɓar. Wannan cikakkiyar gaɓa ce, ita ce ta 1.

Kunne kafin ido

Rufe takardar, ka saurari babin sau uku. Tsawonsa minti shida zuwa takwas ne, ya danganta da saurin jagoran makaɗa da kuma ko ya bi alamar maimaici. A saurare na farko kada ka rubuta komai. A na biyu ka rubuta minti da daƙiƙar duk wurin da kiɗan ya tsaya cik, ko ya yi kamar ya sauke numfashi. A na uku ka rubuta duk lokacin da karin farko ya dawo, ka kuma lura ko ya dawo a tsayin da ya fara ko a wani tsayi dabam.

Dalilin wannan jeri shi ne ido yana yaudara. Wanda ya fara da takarda yakan ga abubuwan da babu kunnen da zai ji su, ya gina doguwar hujja a kansu. Abin da ka ji tun kafin ka gani, shi ne za ka je nema wa bayani a takarda.

Sai ka buɗe takardar ka bi ta tare da faifan. An rubuta Molto allegro, wato da sauri ƙwarai, da alamar C mai layi a tsakiya, wato bugu biyu a kowace gaɓa. Mai ƙirga huɗu zai shaƙe kafin shafi na biyu. Da farko ka bi layin biyolin na ɗaya kawai. A zagaye na gaba ka bi layin ƙasa, na celo da bas. Wannan zagaye na biyu ya fi na farko muhimmanci, kuma shi aka fi tsallakewa.

Layukan da ba su faɗin abin da suke nufi

Akwai layuka huɗu da za su ɓatar da kai idan ka karanta su yadda suke a rubuce. Kilarinet ɗin na B-filat ne (filat alama ce mai sauke sauti da rabin taki, shaf kuma mai ɗaga shi), sautinsa yana fita da taki ɗaya ƙasa da abin da aka rubuta: in ka ga C, B-filat ake ji. Shi ya sa layinsa ba shi da alamar filat a farko alhali na masu goge suna da biyu. Ƙahonin biyu ba iri ɗaya ba ne: ɗaya na B-filat, yana sauka taki ɗaya, ɗaya na G, yana sauka tazarar huɗu. Ƙahon zamanin Mozart ba shi da maɓallai, 'yan sautuka ƙalilan yake iya fitarwa, don haka ya haɗa biyu mabambanta domin ya samu sautukan G maino da na B-filat manjo gaba ɗaya. Biyola kuma tana da tata alamar layi, inda layin tsakiya shi ne C na tsakiya. Bas yana karanta layi ɗaya da celo amma yana fita da okteb ɗaya, wato tazarar takwas, a ƙasa.

Idan ka tattara sautukan wata gaɓa ka ga sun ba ka kod, wato haɗin sautukan da ake kaɗawa tare, marar ma'ana, kusan kullum ɗaya daga cikin waɗannan ne ka manta ka juya. Ka kuma kula da littattafan Jamusawa: a wurinsu B yana nufin B-filat, H kuma shi ne B na sauran jama'a.

Gabatarwa: gaɓa 1 zuwa 100

Filat biyu a farkon layi na iya nufin B-filat manjo ko G maino. Abin da ke raba su shi ne F-shaf. Muddin kana ganin F-shaf yana ja zuwa G, kana G maino. Ɗauki launi ɗaya ka zagaye kowane F-shaf a shafukan farko, za ka ga inda ya ɓace, kuma nan ne ƙaura ta fara.

Sannan ka koyi gane kadens, wato rufewar jimlar kiɗa. Iri uku za su ishe ka a yanzu. Cikakkiya ita ce bas ya tashi daga mataki na biyar ya sauka a kan tushe, wato mataki na farko na mazaunin, karin sama shi ma ya tsaya a kan tushe. Rabi ita ce a tsaya a kan kod na biyar, a bar magana a buɗe. Ta yaudara ita ce kod na biyar ya nufi tushe sai ya faɗa a na shida. Da launi na biyu ka sa alama a ƙarƙashin bas a duk wurin da ɗayansu ta faru, ka rubuta irinta da mazauninta.

Yanzu ga abin da za ka tarar. Jigon farko an gina shi ne da ƙwayar sauti uku: E-filat, D, D. An faɗe ta sau uku, sannan aka yi tsalle na tazarar shida zuwa B-filat. Biyolin na ɗaya da na biyu suna tafiya tare da tazarar okteb, da sauti ƙasa-ƙasa, biyola ta kasu gida biyu tana rakiya. Buɗe simfoni da sauti ƙasa-ƙasa, kuma da rakiya kafin kari, abu ne da ba a saba ba a wancan zamani. Jimlar ta kai gaɓa ta 20 ta tsaya da ƙarfi a kan kod na D, rabin rufewa ke nan.

Karin ya sake tashi kamar zai maimaita kansa, amma cikin 'yan gaɓoɓi ya karkata. A gaɓa ta 28 dukkan makaɗa sun shigo da ƙarfi da sabon abu a B-filat manjo. Nan ne tarkon yake. Sabon kari ne, sabon mazauni ne, don haka ɗalibai da yawa sukan rubuta "jigo na biyu" a kansa. Ba shi ba ne. Gada ce. Hujjar ita ce har yanzu ba a shirya wa sabon mazaunin wuri ba: ka bi bas, za ka ga E marar filat ya fara bayyana yana tura kiɗan zuwa kod na F, wanda shi ne na biyar a B-filat, aka daddage a kansa har gaɓa ta 42. Gaɓa ta 43 shiru ce gaba ɗaya, babu mai kaɗa komai. Wannan shirun shi ne iyakar da ta raba gabatarwar biyu, kuma a kowane babi mai wannan tsari, irin wannan tsayawa ya kamata ka fara nema tun kafin ka nemi kari. Ba kullum take zama shiru ƙarara ba, wani lokaci wata sarewa ko goge ɗaya yakan cike gurbin, amma tana nan.

Jigo na biyu ya fara a gaɓa ta 44. Yana gangarowa da rabin taki-rabin taki, masu goge su fara, masu busa su karɓa. Da aka maimaita shi sai suka yi musanya, masu busa suka fara. A maimaicin ne Mozart ya kauce zuwa wajen A-filat, ya jinkirta rufewar da kunne ke jira. Tsakanin gaɓa ta 44 da ta 72 akwai cikakkiyar rufewa fiye da ɗaya a B-filat. Aikinka ne ka auna su, ka zaɓi wadda ka ga ta tabbatar da sabon mazaunin, ka kuma rubuta dalilinka: wacce ce ta zo bayan dogon shiri, wacce ce bayanta kiɗan bai koma kan jigon ba. Wannan hukunci shi ne zuciyar nazarin, kuma masana ma sukan saɓa a irinsa.

Daga gaɓa ta 73 ƙwayar nan ta sauti uku ta dawo, tana yawo tsakanin kilarinet da basun, tana tabbatar da B-filat. A gaɓa ta 100 kod guda ya juya akala zuwa G maino, sai alamar maimaici. Jagorori da yawa na tsakiyar ƙarnin da ya wuce suna tsallake wannan maimaici. A nazari ka ƙirga shi, domin da shi babin yana zama gaɓoɓi 399 a kunne, kuma nauyin sassan yana canzawa.

Sarrafawa: gaɓa 101 zuwa 164

A nan alamomin farkon layi ba za su taimake ka ba, sai ka bi shaf da filat da ke cikin gaɓoɓin. Bayan kod biyu masu ƙarfi, masu busa sun gangaro, jigon farko ya fito a F-shaf maino. Ka dakata a nan ka auna nisan: G maino yana da filat biyu, F-shaf maino yana da shaf uku. A kan fiyano rabin taki ne kawai tsakaninsu, amma a lissafin dangantakar mazaunai suna da nisa ƙwarai, kuma Mozart ya ƙetare wannan nisa cikin gaɓoɓi huɗu. Ka kaɗa waɗannan gaɓoɓi a fiyano a hankali, sau da yawa, har ka ji yadda kod na biyu ya kwance G maino.

Karin bai zauna ba, ƙarshen kowace jimla yana zamewa ƙasa. Sai kiɗan ya fashe da ƙarfi a E maino, jigon yana kaiwa da komowa tsakanin bas da biyolin, wanda bai riƙe jigon ba yana gudu da gajerun sautuka. Ka rubuta harafin tushen kod duk inda ya canza, za ka samu jeri: E, A, D, G, C, F, B-filat. Kowane mataki tazarar biyar ne ƙasa da na gabansa. Idan ka gane wannan zagaye sau ɗaya, za ka riƙa ganinsa ko'ina daga Vivaldi har Schubert, kuma zai rage maka wahalar fassara kod ɗaya-ɗaya.

Bayan haka sai a fara rage jigon. Jimla ta koma rabi, rabi ya koma sauti ukun nan kaɗai, ana jefa su tsakanin biyolin da masu busa, wani lokaci a kife, suna hawa maimakon sauka. Da launi na uku ka zagaye kowace fitowar ƙwayar. Shafin zai cika, kuma za ka gani da idonka cewa jigo na biyu bai leƙo wannan sashe ba ko sau ɗaya. Gab da ƙarshe bas ya kafe a kan D. Duk inda ka ga bas ya kafe haka a kan mataki na biyar na mazaunin asali bayan doguwar yawo, to komowa ta kusa.

Komowa: gaɓa 164 zuwa 299

Ba a buga ƙofa ba. Masu busa suna cikin gangarowa da rabin taki, biyolin ya shigo da sauti ukun a gaɓa ta 164, kafin bas ya sauka a kan G. Mai saurare yakan farga ne bayan jigon ya riga ya yi nisa. Idan aka tambaye ka a wace gaɓa komowa ta fara, ka faɗi biyu: inda kari ya dawo, da inda tushe ya dawo, domin ba su zo tare ba, kuma wannan saɓanin da gangan ne.

Hanyar nazarin wannan sashe ita ce gwadawa. Ajiye shafukan gabatarwa a hagu, na komowa a dama, ka bi su gaɓa da gaɓa. Inda suka yi daidai ka ja layi, inda suka rabu ka sa alama. Bambanci na farko ƙarami ne, basun ya samu sabon layi a ƙarƙashin jigon. Na biyu babba ne. Gadar da ta ci gaɓoɓi ashirin da 'yan kai a gabatarwa, yanzu ta kusan ninkawa, ta ratsa E-filat da F maino, har ta zama kamar ƙaramar sarrafawa ta biyu.

Me ya sa gada za ta ƙara tsawo alhali yanzu babu inda za ta kai mu, tunda daga G maino aka tashi kuma G maino za a sauka? Amsar ita ce dalilin tsarin gaba ɗaya. Abin da aka faɗa a baƙon mazauni a gabatarwa dole a sake faɗarsa a mazaunin asali. Domin jigo na biyu ya ji kamar an iso wani wuri, sai an fara nisanta kunne daga G, sannan a dawo da shi. A gaɓa ta 227 jigo na biyu ya shigo a G maino. Karin da ya zo da walwala a manjo, ga shi yanzu da duhu, kuma saukar rabin takin da ke cikinsa ta samu wata ma'ana dabam. Mozart yana iya mayar da shi G manjo, kamar yadda ake yawan yi a babi mai maino, bai yi ba. A ganina wannan shi ne zaɓi mafi nauyi a babin, kuma rubutun da bai tsaya a kansa ba bai taɓa ainihin aikin ba. Gab da ƙarshe akwai ɗan ƙari, inda masu goge ke karɓar farkon jigon ɗaya bayan ɗaya da sauti ƙasa-ƙasa, sannan a rufe da ƙarfi.

Yanzu ka zana taswira a shafi guda: layi ɗaya a kwance, lambobin gaɓa a sama, mazaunai a ƙasa, kadens a matsayin layukan tsaye. Tsawon sassan uku shi ne gaɓa 100, da 64, da 135. Idan taswirar ba ta shiga shafi ɗaya ba, ka cika ta da abin da bai kamata ba.

Inda ma'aunin ba zai yi daidai ba

Kada ka ɗauki wannan taswira ka riƙa ɗora ta a kan kowane babi kana neman laifi. Mozart bai san kalmomin da muke amfani da su ba. Heinrich Christoph Koch, wanda ya yi rubutu a zamaninsa, ya kwatanta irin wannan babi ne a matsayin gini mai sassa biyu da ake aunawa da jimloli da rufewa. Bayanin da ya jingina komai a kan jigogi biyu masu saɓanin hali ya kafu ne ta hannun Adolf Bernhard Marx a shekarun 1840, kimanin shekara hamsin bayan rasuwar Mozart a 1791, kuma idonsa a kan Beethoven yake.

Gwada hanyar a kan ayyuka uku za ka ga iyakarta. A babin farko na Simfoni na 104 na Haydn, na Landan, 1795, idan aka isa sabon mazauni jigon farko ne yake sake fitowa. Mai neman sabon kari zai ce babu sashe na biyu, mai bin mazauni zai same shi nan take. A sonatar fiyano K. 545 ta Mozart, jigon farko ya dawo a F manjo maimakon C. A Simfoni na 5 na Beethoven, wanda aka fara kaɗawa a Biyena ranar 22 ga Disamba, 1808, ƙarin da ke bayan komowa ya fara a gaɓa ta 374 ya kai ta 502, tsawonsa ya kai na gabatarwar kanta. Ba wanda ya karya doka a cikinsu. Masu sauraron zamanin suna da abin da suke tsammani, mawallafin kuma yana wasa da wannan tsammani.

Faifai, tarihi, da rubutu

Ka saurari aƙalla faifai biyu masu nisa da juna: ɗaya na babbar okestira ta zamani, kamar ta Karl Böhm da makaɗan Balin, ɗaya na masu amfani da kayan kiɗa irin na ƙarni na 18, kamar na John Eliot Gardiner. A na biyun masu goge ba su da yawa, don haka layukan busa suna fitowa sarai. Sautin nasu yakan ɗan yi ƙasa, domin sukan ɗaure A a wajen 430 maimakon 440. Idan kana bin su da fiyano za ka ji kamar ba su daidaita ba, wannan ne dalili.

Game da tarihi, ka yi hattara da jingina kiɗa ga rayuwar mai shi. Gaskiya ne a wannan bazara Mozart yana rubuta wa abokinsa Michael Puchberg wasiƙun neman rance, kuma 'yarsa ƙarama ta rasu a ƙarshen Yuni 1788. Amma Simfoni na 39 ya kammalu ranar 26 ga Yuni, na 41 kuma, mai cike da ƙarfi da haske a C manjo, ranar 10 ga Agusta, kwana 16 bayan namu. Hali ɗaya ya haifi ukun. Mawallafin kiɗa Robert Schumann ma sauƙi da kyan tafiya ya ji a cikin wannan simfoni, inda wasu suka ji baƙin ciki. Haka nan zancen da ake yawan maimaitawa cewa ba a taɓa kaɗa shi Mozart yana raye ba, sake rubuta shi da kilarinet yana raunana shi, domin mawallafi ba ya yin wannan wahala sai da makaɗan da ke jira.

Idan ka zo rubutu, kada ka bi babin daga gaɓa ta 1 zuwa ta 299 kana ba da labarin abin da ya faru, taswira ta riga ta yi wannan. Zaɓi tambaya ɗaya, misali dalilin tsawaita gada a komowa, ko yadda sauti uku suka ɗauki nauyin babi sukutum. Kowace da'awa ka bi ta da lambar gaɓa da sunan kayan kiɗan da ke ɗauke da layin. Ka ambaci bugun da ka yi aiki da shi, da irin simfonin, mai kilarinet ko marar shi. Sai bayan ka gama naka sannan ka buɗe abin da masana suka rubuta a kan babin. Inda lambobinku suka saɓa da gaɓa ɗaya ko biyu, duba ko su daga shigowar kari suke ƙirgawa kai kuma daga saukar bas. Inda kuka saɓa a kan wace rufewa ce babba, koma faifan ka saurari gaɓa ta 44 zuwa ta 72 da hujjarsu a zuciya, sannan da taka, ka rubuta wadda ta tsaya da dalilin tsayawarta.